Inda Ruwan Gulbinmu Ya Ke Ƙarewa: Duba Littafin Richard da John Lander

Ran nan da hantsi, bayan an kwana ana sheƙa ruwa, ina koya wa 'yan ajina labarin ƙasa a nan Tozai, sai wani yaro ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, shi duk ruwan nan da ke gangarawa gulbi, ina ya ke zuwa?" Na ce masa teku. Ya ce, "Wace teku, kuma ta wace ƙofa ya ke shiga?" 'Yan'uwansa suka kwashe da dariya. Ni kuwa ban yi ba, gama irin tambayar nan tasa ce ta hana masanan Ingila barci shekara da shekaru, ta kuma ci rayukan mutane masu yawa, baƙaƙe da farare. Saboda yaron nan na sake ɗauko littafin da zan yi muku magana a kansa yau, watau labarin tafiyar wasu Turawa biyu, wa da ƙane, Richard da John Lander, waɗanda suka bi Kwara cikin kwalekwale har bakin teku a shekara ta 1830.

Kafin mu buɗe littafin, ku ɗauko taswirarku. Ruwan ƙasar Isa da Sabon Birni yana taruwa ne cikin Bunsuru da Gagare da Gulbin Maraɗi, su haɗu su zama Gulbin Rima. Rima ya bi ta Goronyo da Wurno, ya gamu da Gulbin Sakkwato, ya wuce Argungu da Birnin Kabi, ya faɗa Kwara arewa da Yawuri. Kwara ta ɗauke shi ta bi da shi Jebba, ta karɓi Binuwai a Lakwaja, ta wuce Anaca da Abo. Daga nan fa sai ta rarrabu kamar yatsun hannu, kowane yatsa ya nemi hanyarsa zuwa Tekun Atilantika. Ɗaya daga cikin manyan yatsun nan sunansa Nun, kuma kusa da bakinsa ne ƙasa ta yi tsini ta shiga teku. Tsinin ƙasan nan shi ne masu jiragen Fotugal suka sa wa suna Kabo Farmoso, watau kyakkyawan tsini. Yana cikin Jihar Bayelsa ta yanzu, kusa da Akasa da Biras, a nan ne kuma masu taswira su kan raba gaɓar Binin da gaɓar Boni, wadda a ke kira gaɓar Biyafara kafin 1975. Abin da zai ba ku mamaki, da mutum zai tashi daga Isa ya fuskanci kudu sak, bai karkata ba, da kusa da wurin nan zai iske teku, bayan tafiyar mil 600 da 'yan kai.

Kada ku ji an ce tsini ku zaci wani dutse ne tsaye, igiyar ruwa na dukansa. Wurin taɓo ne da yashi, shimfiɗaɗɗe, da kyar ya ɗara ruwa tsawo. Itatuwan da ke kansa irin masu tsiro cikin ruwan gishiri ne, saiwoyinsu a waje kamar ƙafafun gizo-gizo. Ruwan saman da mu ke samu a ƙasar Sakkwato bai cika wuce inci 25 zuwa 30 a shekara ba, can kuwa ya kan kai inci 150 ko fiye. Ita ƙasar ma kanta Kwara ce ta gina ta, da laka da rairayin da ta ke kwasowa daga ƙasashen da ta ratsa. Ashe in kun ga gulbi ya yi ja da damina, gonakinmu ne ke tafiya kudu a hankali.

To, ga inda maganar ta ke da ban dariya da ban tausayi. Tun wajen 1472 jiragen Fotugal suka fara zuwa gaɓar nan. Bayansu Turawan wasu ƙasashe suka biyo, suna sayen bayi, daga baya suka koma sayen manja. Shekara fiye da 350 suna tsayawa a bakin waɗannan rafuffuka, suna kiransu kogunan mai, ba su san bakin Kwara su ke ba. A lokacin nan kuwa masanansu na can gida suna ta gardama a kan inda Kwara ta nufa. Mungo Park ya gan ta a Segu a 1796 tana gudu gabas, sai wasu suka ce ai Nilu ta ke zuwa, wasu suka ce tana ƙafewa cikin wani tafki a tsakiyar ƙasa, wasu suka ce ita ce Kwango. Shi Park ya koma don ya bi ta har ƙarshe, ya halaka a duwatsun Busa a farkon 1806. Wani mutum mai suna James MacQueen, wanda ya yi aikin kula da gonar rake a tsibirin Giranada, ya yi ta tambayar bayin da ke gonakin labarin kogunan ƙasashensu, har ya buga littafi a 1821 ya ce lalle Kwara a gaɓar Binin ta ke faɗawa teku. Manyan Landan ba su saurare shi ba. Abin da ya ruɗe su shi ne, kogin ya taso ne mil 150 kacal daga teku, a tuddan Gini, amma sai ya ba teku baya ya nufi hamada, ya yi tafiyar mil 2,600 kafin ya komo mata.

A nan ne ƙasarmu ta shigo cikin labarin. A watan Maris na 1824 Kyaftin Clapperton, wanda mutanen Sakkwato suka sani da Abdullahi, ya ratsa dajin Gundumi da ƙishirwa mai tsanani, ya isa wurin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello. Dajin nan da ke maƙwabtaka da mu ya ba kowane matafiyi wuya: Barth ma, watau Abdulkarimu, da ya tashi daga wajen Sansanin Isa a 1853, sai da ya yi sa'a 26 yana tafiya cikinsa ba zango, don tsoron mahara. Clapperton ya ce Sarkin Musulmi ya zana masa hanyar Kwara a kan rairayi, ya gaya masa tana shiga teku a wani wuri mai suna Funda. Amma taswirar da aka ba shi a takarda, wadda aka buga a Landan a 1826, ta nuna kogin ya nufi Masar. Rairayi ya faɗi ɗaya, takarda ta faɗi ɗaya. A ganina rairayi ya ɗauko maganar fatake ne, waɗanda suka san Nufe da abin da ke bayanta, takarda kuwa ta bi littattafan Larabawa na dā, waɗanda ke kiran kowane babban kogi na ƙasar Sudan da sunan Nilu. Ba kuma zan yi mamaki ba in akwai taka-tsantsan na mulki a ciki, gama labarin yadda Ingilishi suka ci Indiya ya riga ya iso Sakkwato. Kome ke nan dai, waɗanda ke son Nilu a Landan suka riƙe takarda suka watsar da rairayi. Clapperton ya komo a 1826, ya rasu a Sakkwato ran 13 ga Afrilu 1827, bai ga bakin kogin ba. Baransa da ya binne shi, wanda mutanenmu suka yi wa laƙabi Nasara Ƙarami, shi ne Richard Lander.

Littafin 'yan'uwan nan an buga shi a Landan a 1832, juzu'i uku. Richard ɗan mai masauki ne daga garin Truro, bai yi karatu mai zurfi ba, tun yana yaro ya ke barantaka. John ya koyi aikin ɗab'i, shi ne mai son ƙawata magana. Gwamnatinsu ba ta kashe musu wani abin kirki ba: fam 100 aka yi wa Richard alkawari in ya komo, aka ba matarsa fam 100, John kuwa ba a yanka masa ko kwabo ba. Suka sauka Badagiri a watan Maris 1830, suka isa Busa a watan Yuni, suka hau zuwa Yawuri neman takardun Park, suka komo, sa'an nan ran 20 ga Satumba suka saki kwalekwalensu suka bi ruwa.

Abin da na fi so ga littafin shi ne rashin girman kansa wajen ba da labarin yini. Kowace rana da abin da ta zo da shi: kwalekwale ya yi yoyo, allurar da su ke sayarwa ta ƙare, sarki ya ce gobe, goben ta zama mako uku. Mai karatu zai gaji da jira a Yawuri kamar yadda suka gaji, kuma gajiyar nan tana da amfani, don ita ke koya masa cewa yawancin aikin mai bincike jira ne da roƙo. Wanda ya ke so ya koyi yadda a ke kafa hujja, ya lura da yadda teku ta riƙa aiko musu da alamunta tun tana nesa. A Egga, cikin ƙasar Nufe, suka ga mutane sanye da tufafin Binin da na Fotugal. Ran 25 ga Oktoba suka wuce inda Binuwai ta shigo, suka ga Kwara ta miƙe kudu. Gaba kaɗan suka fara jin sunan Boni da Kalaba a bakin 'yan kasuwa. A Kiri, kusa da Asaba, suka ga manyan jiragen yaƙi na kwalekwale da tutoci irin na Turawa. Can ƙasa kuma, cikin rafuffukan Biras, suka ga ruwa yana cika yana janyewa a kan lokaci, abin da kogi ba ya yi sai ya kusa teku. Ba su tsaya yi wa mai karatu wa'azi a kan alamun nan ba, sun jera su kurum yadda suka zo. Na karanta wa 'yan ajina wannan yanki da Hausa, kafin in kai ƙarshe har sun riga ni faɗin amsa.

Amma wanda ya buɗe littafin don ya sami labarin ƙasa na sosai, zai fito da ƙishirwa. Ba su da kayan auna wuri sai kamfas, watau 'yar na'urar nan mai nuna arewa, ita ma ta salwanta a Kiri ran 5 ga Nuwamba, sa'ad da aka far musu aka kifar da kayansu. Wani sashi na rubutunsu ya tafi tare da ita, sai aka harhaɗa littafin daga abin da ya saura, wani hafsan jiragen ruwa mai suna Becher ya zana taswirar a Landan. Shi ya sa za ku ji muryar tana sauyawa: wani wuri magana gajera, a miƙe, wani wuri kuwa a tsaya ana yi wa faɗuwar rana kirari har shafi ya cika. Ni dai na fi son ta farkon. Mafi muni, daidai inda mu ke bukatar idonsu, watau cikin yatsun kogin, a nan suka zama kamammu. An kai su wurin Obi Osai, Sarkin Abo, ya ce sai an fanshe su da kayan da kimarsu ta kai ta bayi 20. Wani basarake ɗan kasuwa na Biras, wanda Turawa ke kira King Boy, ya biya, ya ɗauke su cikin jirginsa, bisa alkawarin za a mayar masa da riba a bakin teku. Saboda haka suka ratsa wurin da duniya ke jiran labarinsa a takure, da yunwa da zazzaɓi, ba su san sunan rabin rafuffukan da a ke bi da su ba. Kabo Farmoso, da dukan tafiyar ta nufa, bai sami daga gare su ko rabin bayanin da suka yi wa fadar Busa ba. Abin da suka tsaya a kansa shi ne tudun yashin da ya tare bakin Nun, inda igiyar teku ke karo da ruwan kogi, wanda ya kusa farfasa jirgin da ya fitar da su.

Jirgin nan na Libaful ne, sunansa Thomas, kyaftin ɗinsa Lake. Richard ya hau shi a tsakiyar Nuwamba yana murna ya ga ɗan ƙasarsu, Lake ya tarye shi da zagi, ya ce ba ya biyan ko ƙyastu. Da aka kawo John, jirgi ya tashi, King Boy ya koma gida ba a cika masa alkawari ba. Na yaba wa marubutan da ba su ɓoye wannan abin kunya ba. Amma ku auna da kanku: shafi nawa suka ɓata suna kiran sarakunan bakin kogi makwaɗaita, maƙaryata, alhali wanda ya fi kowa cin amana cikin littafin duka ɗan'uwansu ne, wanda ya riƙe amana kuwa shi ne baƙin da suka yi ta ƙorafi a kansa. Suna ganin abu da idonsu su rubuta shi daidai, sa'an nan su yanke hukuncin da suka taho da shi daga gida.

Akwai kuma kalmar nan da littattafan makaranta su kan maimaita, wai su suka gano bakin Kwara. Wasu malamai 'yan'uwana in sun ji ta sai su fusata, su ce ai mutanen wurin sun san koginsu tun kaka da kakanni. Gaskiya ne, amma ba ita ke nan duka ba. Littafin kansa ya nuna yadda sanin ya ke. Nufawa sun san ruwa har Egga, suka gargaɗe su kada su wuce. Mutanen Ida sun san nasu yanki, mutanen Abo sun san daga kasuwannin sama zuwa Biras, mutanen Biras sun san teku. Kowa da zangonsa, kowa kuma yana tsaron zangonsa don cinikinsa, kamar dai yadda fataken Gwanja ke da inda su kan sauke kaya wasu su ɗauka. Abin da Richard da John suka yi shi ne suka bi zangunan nan duka a tafiya ɗaya, daga Yawuri har gishiri, suka rubuta. Wannan aiki ne, bai kamata a rage musu shi ba. Sai dai wanda ya ɗinka riga ba shi ya saƙa ƙyallen ba.

Yanzu na zo ga abin da ya sa na ce ku 'yan Gobir ku nemi littafin nan. Cikin kwalekwalen akwai wani tsoho da a ke kira Pasko. Sunansa na yanka Abubakar, Bagobiri ne. An kama shi bawa, aka yi ta sayar da shi hannu zuwa hannu har bakin teku, aka sa shi jirgin bayi, jirgin yaƙin Ingila ya tare su ya 'yanta shi, ya zama ma'aikacin jirgi, ya koyi Ingilishi. Ya raka Belzoni, Ba'italiye, wanda ya rasu a ƙasar Binin a 1823. Ya raka Clapperton daga Badagiri zuwa Kano da Sakkwato. A 1830 kuma ya sake bin Richard. Ku duba fa, mutumin ƙasarmu ya riga ya san teku, ya san Kwara, ya san Rima, tun Turawan nan ba su haɗa su a takarda ba. Ba na cewa waliyyi ne. Richard ya ba da labari a wani littafinsa na 1830 yadda Pasko ya gudu da kayansu a Kano ba sau ɗaya ba, da yadda ya ke da son aure duk inda aka sauka. Amma wa zai ga laifin wanda aka raba da gida da ƙarfi, in ya ji ƙanshin gida ya nemi tsayawa?

A cikin littafin da mu ke dubawa, sau da yawa in Pasko ya fito, don a yi dariya ne. Duk da haka ku ƙirga wuraren da tafiyar za ta tsaya cik in ba shi. Shi a ke aika wa sarakuna, shi ke harbo abin da za a ci, shi ke juya magana. Hausa ce ta bi da su mafi yawan hanya. A Bokuwa, ƙasa da mahaɗar Binuwai, mutanen gari suka fito musu da kwari da baka, wasu daga cikin barorin suka ranta a na kare, Pasko ya tsaya da bindigarsa bai gusa ba, marubutan da kansu sun shaida jaruntakarsa. Abin da ya kashe wutar ran nan kuwa, bayan Turawan sun jefar da bindigoginsu sun miƙa hannu, shi ne aka sami wani tsohon malami cikin taron mai jin Hausa. A Kiri ma, da a ke shawarar abin da za a yi da su, malamai Musulmi daga Funda ne suka tsaya musu. Funda ɗin nan ita ce wadda Sarkin Musulmi Bello ya ambata. Ba ta bakin teku, tana kusa da Binuwai ne, ya kuskure nisan, amma bai kuskure inda ruwan ya nufa ba.

Ga babban aibin littafin a wurina. Mutumin da ya fi kowa cikin jirgin sanin ƙasashen nan, an ba mu labarin matansa da wayonsa, ba a ba mu tunaninsa ba. Me ya ce sa'ad da ya ga ruwa ya fara cika yana janyewa? Me ya raya a ransa da ya ga ashe gulbin da ya sha yana yaro a Gobir, shi ne ke fita ta gaɓar da a ke loda bayi irinsa? Marubutan sun kwana tare da shi wata da watanni cikin kwalekwale ɗaya, suna da harshen da za su tambaye shi, suka cika shafuffuka da kukan sauro da zafin rana. Juzu'i uku, da sun ba shi shafi biyar da littafin ya fi haka nisa.

Abin da ya biyo baya ya zo da sauri. Daga bakin Nun suka tafi tsibirin Fanando Po, wanda a ke kira Biyoko yanzu, suka bi ta Barazil, suka isa Ingila a watan Yuni 1831. Mai ɗab'i John Murray ya sayi littafin gini 1,000, ƙungiyar masanan labarin ƙasa ta Landan ta ba Richard lambarta ta farko. Tun a 1832 attajiran Libaful, cikinsu har da Macgregor Laird, suka aiko jiragen hayaƙi biyu su shiga ta ƙofar nan, ɗaya sunansa Kwara, ɗaya Albarka, kalmar da suka ara daga bakinmu. Turawa 48 suka taho, 9 suka koma, zazzaɓi ya cinye mafi yawan sauran. Sai a 1854, da Dokta Baikie ya sa mutanensa shan kwinin kullum, aka shiga kogin aka fito ba a rasa kowa ba. Akasa, da ke gefen tsinin nan, ta zama mazaunin Kamfanin Kwara, wanda ya toshe wa mutanen Nembe cinikin da kakanninsu suka gada, har suka far masa a watan Janairu 1895 ƙarƙashin Sarki Koko. Ta ƙofar da littafin nan ya nuna ne kamfani ya hau kogi, bayansa kuma sojan da suka iso Sakkwato a 1903.

Richard ya koma tare da jiragen 1832, aka harbe shi a Angiyama cikin rafin Nun, ya rasu a Fanando Po a watan Fabrairu 1834, bai cika shekara 30 ba. Mutanen Truro suka gina masa doguwar hasumiya, daga baya suka ɗora siffarsa a kanta. Abubakar ma yana cikin tafiyar nan, tafiyarsa ta uku tare da Richard, a cikinta kuma ya rasu, a bakin Kwara, tsakanin Gobir da teku.